Takalmin Ƙafar Hagu

Rumfarsa tana bakin titi, tsakanin shagon tela da wani kantin sayar da fenti. Faɗinta bai wuce tabarma biyu ba. Akwai benci na masu jira, da akwatin katakon da yake zama a kai, da ƙarfen nan mai ƙafa uku da ake kifa takalmi a kansa a buga. A jikin bango ya rataye takalman da aka kawo gyara aka manta. Wasu sun shekara a wurin, bai taɓa sayar da ko ɗaya ba. Kowa a layin Mai Takalmi yake ce masa, har matarsa idan ranta ya ɓaci.

A hannun kawunsa ya koyi aikin, kuma da kawun ya rasu ya gaji rumfar da kayan cikinta. Ba mai yawan magana ba ne. Yakan tara ƙananan ƙusoshi a leɓensa yana zarowa ɗaya bayan ɗaya, tela kuwa yakan leƙo ya ce, "Ku rabu da shi, mutumin da ya karya da ƙusa ina ya ga bakin gaisuwa?" Shi kuma sai ya gama buga ta ƙarshe sannan ya ce, "Je ka gyara aljihun da ka ɗinka a juye, sannan ka zo mu gaisa." Haka suka yi ta yi har furfura ta kama su duka biyun.

'Ya'yansa maza sun girma sun kama gabansu kafin a haifi autarsa. Sunan mahaifiyarsa aka sa mata, don haka bakinsa bai taɓa iya kiran sunan ba. Uwata yake ce mata. Tun tana rarrafe take wuni a rumfar, tana jera masa ƙusoshi a murfin gwangwani, manya daban ƙanana daban.

A shekararta ta farko a makaranta abin ya faru. Wata motar ɗaukar kaya ta wani kamfani ta sha kwana da gudu, ta hau gefen titi inda yara ke jiran tsallakawa. Mu da muka isa wurin ba ma son tuna abin da muka gani. Ta yi watanni a asibiti. Da aka sallamo ta tana takawa, a hankali dai, amma da ƙafafunta biyu, kowa ya yi hamdala ya ce an wuce wurin. Kamfanin ya biya asibiti, ya aiko wani mutum da gaisuwa. Aka ce maganar diyya tana hannun inshora, sai likitansu ya duba yarinyar ya faɗi irin nakasar da ta samu, kuma za a kira su. Shekara ta juyo ba a kira ba, wata ma ta juyo.

Uban ne ya fara lura, kuma a takalminta ya gani. Na hagu bakinsa kawai yake cinyewa, dunduniyar tana nan sabuwa. Ya tsayar da ita a kan siminti babu takalmi, ya durƙusa ya duba. Dunduniyar hagu ba ta taɓa ƙasa. A asibiti aka yi musu bayani cewa wurin da ƙashi ke yin tsawo, kusa da gwiwa, shi ne ya murƙushe. Ƙafar dama za ta ci gaba da girma, ta hagu za ta riƙa ja da baya, kuma kowace shekara tazarar ƙaruwa za ta yi. Akwai aikin da ake yi idan ta ƙara tasawa, amma ba aikin da mai gyaran takalmi zai iya biya ba ne. Idan ba a yi ba, bayanta zai karkace.

Wata rana ta dawo daga makaranta ta shige ƙarƙashin bencin rumfar ta ƙi fitowa. Da ƙyar ta faɗa cewa yara suna bin bayanta suna kwaikwayon tafiyarta. Ya tura takalman mutane gefe, ya ce ta miƙo ƙafa.

Takalmin da ya yi mata, wanda bai sani ba ba zai taɓa ganewa ba. Ba a waje ya yi ƙarin ba, inda ido zai gani. Ya zurfafa cikin takalmin, ya yanka roba mai taushi falle-falle, ya fere kowane falle da wuƙa har ya bi lanƙwasar tafin ƙafarta, ya manne su da gam, ya rufe da fata mai laushi. Sannan ya ɗaga wuyan takalman biyu daidai da juna, ya sa wa na dama ɗan nauyi a tafi don kada ƙarar takunsu ta bambanta. Duk bayan 'yan watanni yakan sake aunawa ya ƙara falle.

Takalmi kaɗai bai isa ba, sai da ya koya mata tafiya. A gidan hayar da suke akwai doguwar baranda da ta bi ƙofofin ɗakuna. Da yamma idan ya rufe rumfa, yakan tsaya a ƙarshenta, ita kuma ta taho.

"Ɗaga kai, Uwata. Me kika yar a ƙasa?"

"Baba, ƙuguna yana ja."

"Na sani. Saki kafaɗar nan. Yauwa. Koma ki sake."

Uwarta tana bakin ƙofa da ruwan ɗumi da tsumma, tana jiran a gama ta gasa mata ƙugu. Takan ce, "Malam, ka bar yarinyar nan ta huta, ba soja za ta shiga ba." Shi kuma ya ce, "Duniya ba ta da tausayi, gara ta gaji a gabana." Ya kafa wa yarinyar doka guda, cewa ciwo na cikin ɗaki ne. A ɗaki ta yi kuka yadda take so, amma idan ta taka waje, duk wanda ya tambaya, lafiya ƙalau.

Yarinyar ta riƙe dokar fiye da yadda ya zata. Kafin ta gama firamare, sababbin malamai ba su san akwai abin da ya taɓa samunta ba. Idan ta wuce ta gaban shagon tela da jakarta a baya, yakan tsayar da keken ɗinki ya ce, "Kai, wannan tafiya! Hajiya, a ina aka ajiye miki jirgin?" Mai Takalmi ba ya ɗaga kai, amma ƙusoshin da ke leɓensa sukan motsa.

Sai ga kira daga inshora, bayan har an fid da rai. Wata lauya ce ke bin maganar, daga ofishin da ke taimakon marasa ƙarfi a kotu, yarinya ce mai kirki amma shari'o'i sun yi mata yawa. Ta waya ta faɗa musu rana da wuri, ta ce ita tana da zama a kotu, su je kawai, duba yarinya za a yi. Ba ta ƙara komai a kai ba, su ma ba su tambaya ba.

Suka shirya irin shirin da talaka ke yi idan zai shiga gaban manya. Tela ya ɗinka mata doguwar riga har idon sawu, ya ƙi karɓar ko sisi. Uwar ta yi mata kitso. Shi kuwa ya ajiye aikin kowa ya yi mata sabon takalmi, wanda ya fi duk na baya kyau. A hanya ya ce mata, "Manyan mutane ne. Kada ki ba mu kunya."

Ofishin yana hawa na biyu, layi ya cika baranda, wasu da sanduna, wasu a kan keken guragu. Da aka kira su, likitan yana duba rahoton asibiti na lokacin da aka sallame ta, lokacin da ƙafafun suke kusan daidai. Ya gaji, an gani a idonsa. Ya ce ta taka zuwa ƙofa ta dawo. Ta ɗaga kai, ta saki kafaɗa, ta je ta dawo kamar mai tafiya a kan zare.

"Akwai inda ke miki ciwo?"

"Babu. Lafiya ƙalau."

Ya juya ga uban. "Da ƙafarta take zuwa makaranta?"

"Ƙwarai kuwa, ranka ya daɗe. Ba ta taɓa makara ba. Har tsere take yi da 'yan ajinsu."

Likitan ya yi murmushi, ya ce Allah ya yi mata albarka, ya yi rubutu, ya kira na gaba. Suka sauko daga bene uban yana jin kamar an naɗa shi sarauta. Ya saya mata alewa a bakin ƙofa. Da suka isa gida ta kwanta, ba ta iya tashi ba sai washegari, don hawan benen ya taɓa mata ƙugu.

Bayan wasu makonni lauyar ta zo rumfar da kanta. Ta zauna a benci ta rasa ta inda za ta fara. An rubuta cewa yarinya ta warke sarai, babu nakasa mai ɗorewa. Abin da za a ba su bai wuce na ban-haƙuri ba, ba zai kai su ko ƙofar ɗakin tiyata ba.

"Baba, ba su cire mata takalmi ba?"

"Ba su ce a cire ba."

"Kai ma ba ka faɗa musu ba?"

Ya girgiza kai. Ta ɗauki wani tsohon takalmin yarinyar da ke kan akwati, ta zura hannu ciki, ta ji tudun robar. Ta daɗe tana juya shi.

"Laifina ne da ban zauna na yi muku bayani ba," in ji ta. "Wurin nan ba a zuwa a nuna ƙarfi. Abin da ya lalace ake zuwa nunawa. Baba, aikin nan naka ya yi kyau da yawa."

Tela yana tsaye a bakin shagonsa da almakashi a hannu. Ya juya ya koma ciki. Ranar ba a ji ƙarar kekensa ba.

Lauyar ta ce akwai sauran dama guda. Za ta ɗaukaka ƙara, a sa kwamitin likitoci su sake dubawa. Amma tunda an riga an rubuta ta warke, sai sun gani da idonsu, su auna, su ɗauki hoto. Za ta cire takalmi, za ta ɗaga riga, za ta yi tafiyarta ta ainihi, kuma duk inda ke ciwo sai ta faɗa da bakinta. Idan ta sake cewa lafiya ƙalau, magana ta ƙare har abada.

A gida uwar ba ta yi faɗa ba, kuma da ta yi da ya fi sauƙi. Cewa kawai ta yi, "Kai ka ɗaure, kai za ka kwance. Ni ba zan iya gaya mata ba." A lokacin kafaɗar yarinyar ta hagu ta fara sauka idan ta gaji, su biyun sun gani, ba wanda ya yi wa ɗan'uwansa maganar.

Ya yi ta ɗaga maganar har ranar ta matso. Wata azahar ta biyo ta rumfa daga makaranta, babu kowa a benci. Ya ce ta zauna. Ya ɗauki wani takalmi yana ta shafa masa mai, alhali ya riga ya goge shi.

"Uwata, za mu koma wurin likitocin nan."

"Ban yi daidai ba ne wancan karon?"

"Kin yi daidai. Ni ne ban gane ba." Ya ci gaba da shafawa. "Wannan karon za ki cire takalmi."

Ta dube shi. "A gabansu?"

"A gabansu. Ki yi tafiya yadda ƙafar take so. Idan sun tambaya, ki faɗi gaskiya, ƙugu, baya, duk inda yake."

"Ai ka ce na cikin ɗaki ne."

"Na ce."

"To yanzu fa?"

"Yanzu ina roƙonki ne."

Ta sunkuyar da kai tana kallon ƙafafunta, biyu daidai a cikin baƙin takalmi. A lokacin ta kai shekarun da yarinya ke fara rufe ƙofa idan za ta sauya kaya. Can ta ce, "Kai ma za ka shiga?"

"Dole sai da uba ko uwa."

"To Mama ta shiga."

"Mamanki ta ce ba za ta iya ba."

Ta ɗauki jakarta ta ce, "To." Ta tafi gida kanta a ɗage.

Ɗakin kwamitin dogo ne, da tebur a ƙarshensa, likitoci uku a bayansa, maza biyu da mace. Akwai mutumin inshora a gefe, da lauyar, da wani mai ɗaukar hoto. Ƙasan tayil ne mai sanyi. Aka ce ta cire takalmi. Ta zauna ta kwance igiyar a hankali, ta ajiye su gefe guda a jere. Da ta miƙe, sai ga wata yarinya dabam tsaye a wurin, kafaɗa ɗaya sama ɗaya ƙasa, yatsun hagu kawai ke taɓa tayil.

Aka ce ta taka. Taku biyu na farko ta gwada gyarawa, don jikinta ya saba. Lauyar ta ce a hankali, "Saki jikinki, ƙanwata." Sai ta saki. Ƙugun ya faɗa hagu, ya tashi, ya sake faɗawa, hannunta yana neman bangon da ba ya kusa. Ta kai ƙofa ta juyo. Mutumin inshora ya ce bai gani sosai ba, a sake. Ta sake. Mai hoto ya ce haske bai yi ba, a ƙara sau ɗaya. Uban yana zaune a kujerar roba, takalman suna kusa da ƙafarsa, hannayensa a tsakanin gwiwoyi.

Likitar mace ta ja labule rabi, ta ɗaga rigar har cinya, ta auna da tef daga ƙugu zuwa idon sawu, tana faɗin lamba wani yana rubutawa. Aka ɗauki hoton tabon, aka sa ta sunkuya aka ɗauki na baya. Sannan babban cikinsu ya tambaya ko tana jin ciwo. Ta ce e. Ya ce tun yaushe. Ta ce kullum. Ya ce a ina da ina. Ta fara lissafawa da murya ƙasa-ƙasa, ƙugu idan ta hau bene, gwiwa idan an yi sanyi, baya idan ta daɗe a kan bencin aji, tafin ƙafa inda robar ke danna ta tun safe har a tashi. Wannan na ƙarshen uban bai taɓa ji ba. Ba ta yi kuka ba, kuma ko sau ɗaya ba ta kalli inda yake ba.

Likitocin ba mugaye ba ne. Macen ma ta dafa kanta ta ce ta yi ƙoƙari. Aikinsu suka yi, kuma a wannan karon sun rubuta abin da yake.

Diyya ta fito kafin shekara ta ƙare. Aka yi aikin, kashi biyu, ya rage tazarar ko da yake bai share ta ba, bayanta kuma ya tsaya inda ya kai bai ƙara karkacewa ba. Abin da ya saura lauyar ta sa aka killace don karatunta. Mutanen layi suka yi ta zuwa rumfa suna taya murna, shi kuma yana cewa, "To, madalla," yana ci gaba da ɗinki.

Daga asibiti aka ba ta nasu takalmin, baƙi mai kaurin tafi, da ƙarfe biyu da suka hau har ƙasan gwiwa. Daga nesa ana ganinsa. Da ta fara takawa da shi, uban ya ce ta kawo ya duba. Ya juya shi a hannu, ya ce zai iya rufe ƙarfen da fata, ya rage kaurin daga waje ya mayar ciki, ba wanda zai sani.

Ta karɓe shi daga hannunsa, ba da fushi ba. "Bar shi, Baba. An riga an gani."

Bai sake tayar da maganar ba.

Ta yi karatu, ta samu aiki a wani ofishi, ta yi aure, tana da 'ya'ya biyu. Ba ta taɓa ɗaga masa murya ba. Ita ke sayen maganinsa, ita ta sake wa rumfar rufi da kwanon ya ruɓe. Suna hira kan jikoki da tsadar kaya da ciwon ƙafar uwarta. Wancan dogon ɗakin ne kawai ban taɓa jin ɗayansu ya ambata ba, kuma na daɗe ina zama a bencin nan.

Yanzu idonsa ya yi rauni, zare ma sai tela ya zura masa a allura, yana yi yana mita wai an mayar da shi yaron shago da tsufansa. Aikin da yake karɓa kaɗan ne. Ranar da ba ta aiki takan zo gaishe shi, mota ta sauke ta a bakin layi ta ƙaraso da ƙafa. Tun kafin a hango ta ake jin ƙarfen yana taɓa kwalta, taku ɗaya mai nauyi, ɗaya marar nauyi. Kunnensa bai tsufa ba, yana riga kowa ji. Sai ya lalubo guduma, ya kifa kowane takalmi ne a kusa, ya hau bugun ƙusar da ta riga ta shige, yana bugawa da ƙarfi, har sai ta iso bakin rumfa ta ce, "Baba, sannu da aiki."